Yadda Ake Gano Inda Steam, Epic da Sauransu Ke Ajiye Wasanni, da Yadda Ake Mayar da Su Wani Faifai Ba Tare da Sake Saukewa Ba

Laftof da yawa da ake saya a Banex Plaza da ke Abuja, musamman 'yan kwatano, da SSD, wato faifan ajiya mai sauri, mai 256GB suke zuwa. Windows kuwa 238GB za ta nuna maka, domin kamfanin da ya ƙera faifan da 1000 yake lissafi, ita kuma da 1024. Cire daga lissafin wurin da Windows ɗin kanta ta ci, da wanda manhajoji da hotuna suka ci, sannan ka ɗora GTA V mai sama da 100GB. Red Dead Redemption 2 shi 150GB yake nema. Wasa biyu sun isa su mayar da layin faifan C ja, kuma da zarar ya yi ja sai sabuntawa ta fara ƙin sauka, kwamfutar ta fara jan ƙafa.

Abin da mutum yakan fara yi shi ne ya nemo foldar wasan, ya yanke ta, ya kai faifan D. Yana buɗe Steam ko Epic sai ya tarar maɓallin Play ya koma Install. Fayilolin suna nan lafiya lau. Abin da ya faru shi ne kowace lanca, wato manhajar da ke sauke wasa ta kuma buɗe shi, tana da rajistar da take rubuta adireshin kowane wasa a ciki. Halinta irin na mai tsaron sito ne: kayan da ba ya wurin da littafinsa ya ce, a wajensa babu shi, ko da yana jingine a bayan ƙofa. Wanda ya danna Install a wannan halin zai iya ƙona data ta 100GB a kan abin da yake da shi a hannu. Saboda haka aikin kashi biyu ne, a kai fayilolin sabon wuri, a kuma sa rajistar ta san an kai su.

Sannan canza wurin girkawa a Settings bai taɓa wasannin da aka riga aka girka. Waɗanda za a sauke nan gaba kawai yake shafa. Tsofaffin sai an ɗauke su ɗaya bayan ɗaya.

Fara gano inda wasan yake

Kada ka ɓata lokaci a kan hoton wasan da ke fuskar kwamfuta. Na Steam da na Epic ba sa nuna folda. In ka duba Properties ɗinsu, adireshi za ka gani irin steam://rungameid/730, wanda umarni ne kawai ga lancar. Hanyar da ke aiki a kan kowane wasa, ko daga ina ya fito, ita ce ka buɗe wasan, ka danna Ctrl da Shift da Esc tare, Task Manager ya fito, ka nemo sunan wasan, ka danna maɓallin dama na linzami a kansa, ka zaɓi Open file location. Wani lokaci zai sauke ka can ciki, a folda irin Binaries\Win64. Sai ka riƙa komowa baya har ka iso foldar da ke ɗauke da sunan wasan.

In ba a taɓa canza komai ba, ga inda kowace lanca take zubawa:

- Steam: C:\Program Files (x86)\Steam\steamapps\common
- Epic: C:\Program Files\Epic Games
- EA app: C:\Program Files\EA Games
- Ubisoft Connect: C:\Program Files (x86)\Ubisoft\Ubisoft Game Launcher\games
- GOG Galaxy: C:\Program Files (x86)\GOG Galaxy\Games
- Rockstar: C:\Program Files\Rockstar Games
- Xbox: C:\XboxGames

Sunan folda ba dole ya yi daidai da sunan wasa ba. Counter-Strike 2 har yanzu a foldar Counter-Strike Global Offensive yake zaune, domin a 2023 ya maye gurbin tsohon ne a wuri ɗaya. Dota 2 kuma foldarsa dota 2 beta. Kada ka ce za ka gyara sunan don ya yi kyau, Steam da tsohon sunan ta san shi.

Akwai kuma wasannin da lanca biyu ke buɗewa, kuma nan mutane suke rikicewa. Wanda ya karɓi GTA V kyauta a Epic a watan Mayun 2020, in ya danna Play sai lancar Rockstar ta fito, amma fayilolin a hannun Epic suke. Wanda ya sayi EA Sports FC a Steam, EA app za ta buɗe, amma wasan yana cikin steamapps\common. Lancar da ta sauke wasan ita ke riƙe da rajistarsa, kuma ta wajenta za a ɗauke shi.

Faifan da za a koma

Kafin komai, tabbatar faifan D ɗin naka faifai ne daban. Masu gyara sukan raba faifai ɗaya gida biyu, C da D, lokacin da suke saka Windows. A Task Manager, shiga Performance. In ka ga Disk 0 ɗauke da C: da D: a layi ɗaya, to faifai ɗaya ne aka raba. Mayar da wasa D zai sauke wa C nauyi, amma ba zai ƙara saurin komai ba. A nan ne kuma za ka ga ko SSD ne ko HDD, wato tsohon nau'in faifai mai juyawa. HDD na laftof da ƙyar yake wuce 100MB a daƙiƙa, SSD mai SATA yana kai kusan 500MB, SSD mai NVMe kuwa dubbai. Wasan da kake bugawa kullum, musamman mai faɗin duniya irin GTA, bar shi a SSD. Wanda sai an yi wata ba a taɓa ba, shi ya cancanci HDD.

Na biyu, tsarin fomat. Buɗe This PC, danna dama a kan faifan, Properties, duba File system. NTFS ake so. FAT32 ba ya karɓar fayil guda da ya wuce 4GB, kuma wasannin yanzu cike suke da irin waɗannan fayilolin, shi ya sa kwafi yake tsayawa a tsakiya yana cewa fayil ya yi girma alhali faifan fanko ne. Ana iya mayar da FAT32 zuwa NTFS ba tare da goge kaya ba: buɗe Command Prompt a matsayin administrator, rubuta convert E: /fs:ntfs, ka sa harafin faifanka a madadin E. Duk da haka, kwashe abin da ba ka son rasawa tukuna. Faifan waje da yawa da exFAT suke zuwa. Shi yana ɗaukar manyan fayiloli, sai dai ya fi saurin lalacewa in wuta ta ɗauke ana cikin rubutu, kuma wancan umarnin ba ya aiki a kansa, sai an kwashe kaya an yi fomat.

In faifan na waje ne, akwai aikin da in ba a yi shi ba sai an yi kuka daga baya, wato kafe masa harafi. Windows tana raba haruffa ne bi da bi: yau faifanka E ne, gobe ka riga ka soka filash sai filash ɗin ya zama E, faifan wasanni ya koma F, duk rajistocin kuma E suka sani. Danna maɓallin Windows da R, rubuta diskmgmt.msc, danna dama a kan faifan, zaɓi Change Drive Letter and Paths, ka ba shi harafi daga can ƙarshe, misali W. Babu filash ɗin da zai je ya ƙwace W. Yi wannan kafin ka nuna wa kowace lanca faifan.

Duba ramin USB ɗin ma. USB 2.0 a aikace 30MB zuwa 40MB yake bayarwa a daƙiƙa, wato wasa mai 100GB zai ci kusan minti 50 wajen kwafi, kuma ba zai bugu da daɗi ba. Nemi rami mai shuɗin ciki ko mai alamar SS.

Sai ka buɗe folda a faifan, ka sa mata gajeren suna irin D:\Wasanni. Guji haruffa masu lanƙwasa, ƙ da ɗ da ɓ, a sunan wannan foldar. Windows ta san su, amma tsofaffin wasanni da yawa suna tuntuɓe da duk harafin da ba na Ingilishi ba a cikin adireshi. Kada kuma ka ajiye ta cikin Documents ko Desktop, don OneDrive, manhajar Windows mai ajiye fayiloli a intanet, na iya fara tura ta can da datarka.

Steam

Steam ce ta fi sauƙi, domin ita da kanta take ɗaukar kayan ta kuma gyara rajista. Danna Steam a kusurwar hagu ta sama, Settings, sannan Storage. A sama za ka ga faifan da ake amfani da shi. Danna shi, zaɓi Add Drive, nuna D. Za ta buɗe D:\SteamLibrary da kanta. In kana son duk sabon wasa ya riƙa sauka can, zaɓi faifan, danna ɗigo ukun da ke gefe, Make Default.

Don ɗaukar tsohon wasa, koma faifan C a wannan shafin, sa alama a akwatin da ke gaban wasan, danna Move a ƙasa, zaɓi D. Ana iya yi wa wasa uku ko huɗu alama lokaci ɗaya, amma in ba ka da inbata ko batirin laftof ɗin ya gaji, yi ɗaya-ɗaya. Wasan ya kasance a rufe, kuma babu sabuntawar da ke jira a kansa. In akwai, ko dai ka bari ta gama, ko Move ya ƙi tafiya.

Rajistar Steam a fili take. A cikin steamapps, kusa da foldar common, akwai ƙananan fayiloli masu suna irin appmanifest_730.acf. Lambar ita ce lambar wasan: 730 na Counter-Strike 2, 570 na Dota 2, 271590 na GTA V na asali. Lambar kowane wasa tana cikin adireshin shafinsa na shagon Steam. Wannan ƙaramin fayil shi ke gaya wa Steam cewa an girka wasan, ga sunan foldarsa, ga sigar da yake kai. Wani fayil kuma, libraryfolders.vdf, shi ke riƙe da jerin faifan da Steam ta sani.

Sanin wannan shi ke ceton wanda ya riga ya yanke folda da hannu. Rufe Steam gaba ɗaya ta Steam sannan Exit, domin danna X ba ya kashe ta, tana nan laɓe kusa da agogo. Sa foldar wasan a D:\SteamLibrary\steamapps\common, ka ɗauko appmanifest ɗinsa daga steamapps na C ka sa a steamapps na D. Buɗe Steam, Play zai dawo. In appmanifest ɗin ya ɓata, har yanzu da sauran dama: foldar tana cikin common na D, danna Install, ka zaɓi D ɗin. Steam za ta ga akwai kaya a wurin, ta tsaya ta bincika su, ta sauke abin da ya rage kawai. Abin lura shi ne kada ka zaɓi C bisa kuskure, don can babu komai, daga farko za ta fara.

Haka ake karɓar wasa daga wajen aboki a faifan waje. Amma kwafin fayil ba ya ba ka mallakar wasa. In na kuɗi ne, sai asusunka ya saya kafin ya buɗe. Wasannin kyauta irin eFootball da Dota 2 su ne wannan ya fi yi wa amfani.

Masu gidan gem a Kubwa ko Nyanya da ke da kwamfuta biyar ko goma a kan rawuta ɗaya ba sa ma buƙatar yawo da faifai. Tun 2023 Steam tana iya ɗaukar wasa daga wata kwamfutar da ke gida ɗaya. A Settings, Downloads, kunna Game File Transfer over Local Network, ka sa shi a Anyone in asusun kwamfutocin daban-daban ne. Kwamfutar da za a ɗauka daga wajenta ta kasance Steam na buɗe, wasan ya gama sabuntawa, ba a kuma buga komai a kanta a lokacin. Da waya ta Ethernet ya fi Wi-Fi sauri nesa ba kusa ba.

Bayan kowace irin ƙaura, danna dama a kan wasan, Properties, Installed Files, Verify integrity of game files. Binciken kansa ba ya cin data, sai in ya samu fayil da ya lalace, shi kaɗai zai sauke.

Abu biyu da ke yawan faruwa. Na farko, ka buɗe Steam faifan waje ba ya jone, duk wasannin da ke kansa su nuna Install. Kada ka taɓa komai. Fita daga Steam, jona faifan, sake buɗewa. In ba su dawo ba, je Storage ka sake Add Drive ka nuna SteamLibrary ɗin da ke nan. Na biyu, saƙon Disk write error a sabon faifai. Sau da yawa izinin rubutu ne ya samu matsala, ko wuri ya ƙare. A ɗigo ukun nan na Storage akwai zaɓin da ya fara da Repair, gwada shi. Game da wuri kuwa, Steam tana haɗa sabuntawa ne a steamapps\downloading na faifan da wasan yake, kuma wani lokaci sai ta kwafi babban fayil sukutum kafin ta gyara shi. Sabuntawa mai 2GB na iya neman filin 30GB na ɗan lokaci. Faifan da aka cika maƙil da wasanni ba zai iya sabunta ko ɗaya ba.

Epic

A nan sai an yi haƙuri. Ganin wurin wasa ba wuya: Library, ɗigo uku a ƙarƙashin wasan, Manage, sai ɗan hoton folda da ke layin Installation. Sabon wasa ma ba wuya, duk lokacin da ka danna Install tana nuna adireshi da Browse a gefensa, ka canza kafin ka ci gaba. Ɗaukar wanda aka riga aka girka ne ke da matakai, kuma jerinsu yana da muhimmanci.

1. Kwafi foldar wasan gaba ɗayanta zuwa wani wuri na wucin gadi, misali D:\Ajiya\Fortnite. Kwafi, ba yanka ba.
2. A Epic, yi wa wasan Uninstall. Wannan zai goge na C, shi ya sa sai ka tabbatar kwafin ya kammala. Gwada girman foldar biyu da yawan fayilolinsu a Properties kafin ka goge.
3. Danna Install, ka zaɓi D:\Wasanni. Bar shi ya fara saukewa, ya kai kashi 2 ko 3 cikin 100, sannan ka dakatar da shi.
4. Rufe Epic gaba ɗaya, daga ɗan hotonta da ke kusa da agogo, Exit.
5. Kwashe abin da ke cikin D:\Ajiya\Fortnite ka zuba a D:\Wasanni\Fortnite. In ta tambaya, ce ta maye gurbin fayilolin da ke wurin.
6. Buɗe Epic, danna Resume. Za ta koma binciken fayiloli maimakon saukewa, in ta gama Launch ya fito.

Dalilin wannan zagayen shi ne Epic ba ta yarda ta girka wasa a foldar da ke da kaya a ciki. Dole sai ita ta buɗe foldar ta rubuta ta a rajista, sannan a shigo mata da kayan ta bayan gida.

Inda aka fi faɗuwa shi ne mataki na biyar. A cikin foldar kowane wasan Epic akwai ɓoyayyiyar folda mai suna .egstore, wadda ke ɗauke da jerin fayilolin wasan. In ka shiga cikin foldar ka danna Ctrl da A alhali Windows ba ta nuna ɓoyayyun abubuwa, ba za a ɗauke ta ba. A File Explorer je View, kunna Hidden items kafin ka fara. Sai kuma batun siga: in kwafin da ke hannunka tsoho ne, an yi sabuntawa biyu ko uku bayansa, Epic za ta sauke bambancin, kuma a wasa irin Fortnite bambancin na iya zama babba. Sabunta wasan kafin ka kwafa.

Akwai gajeriyar hanya ga wanda hannunsa ya faɗa, ita ce gyara rajistar kai tsaye. Ba ta cin data ko kaɗan, ba ta kuma buƙatar ninki biyu na wuri. Rufe Epic, kai foldar wasan sabon wurinta, sannan ka danna Windows da R ka rubuta %ProgramData%\Epic\EpicGamesLauncher\Data\Manifests. Za ka ga fayiloli masu dogayen sunaye na lambobi da haruffa, ƙarshensu .item, kowane wasa da nasa. Buɗe su da Notepad ɗaya-ɗaya har ka ga wanda DisplayName ɗinsa ya nuna wasanka. Ajiye kwafinsa a gefe tukuna. Layi uku za ka gyara: InstallLocation, ManifestLocation da StagingLocation. A kowanne, canza farkon adireshin kawai, ka bar wutsiyar yadda take. Lura da cewa a wannan fayil sandar adireshi biyu-biyu ake rubuta ta, wato D:\\Wasanni\\Fortnite. In ka sa ɗaya, ko ka goge alamar zance ko waƙafi bisa kuskure, Epic ba za ta iya karanta fayil ɗin ba, wasan ya ɓace daga jerin waɗanda aka girka. Bayan nan buɗe C:\ProgramData\Epic\UnrealEngineLauncher\LauncherInstalled.dat, nan ma ka gyara InstallLocation na wasan. In Notepad ta ƙi ajiyewa, sake buɗe ta a matsayin administrator. Buɗe Epic, Manage, Verify.

Sauran

Rockstar tana da nata maɓallin: Settings, zaɓi wasan a ƙarƙashin My installed games, Move game files. Xbox ma haka, ɗigo uku, Manage, Files, Change drive, kuma faifan sai NTFS. Wasannin Xbox da na Microsoft Store kada a taɓa su da hannu, musamman duk abin da ke cikin foldar WindowsApps, izininta a kulle yake kuma ƙoƙarin fasa shi yana lalata wasu manhajojin. Shafin nan na Windows mai suna Where new content is saved, waɗannan kaɗai yake shafa. Steam da Epic ba su san da shi ba.

Ubisoft Connect da Battle.net da GOG Galaxy tsarinsu ɗaya: rufe lancar, kai foldar inda kake so, buɗe, ka nuna mata. A Ubisoft, Locate installed game a shafin wasan. A Battle.net, Locate the game a kusa da Install. A GOG, Manage installation sannan Import folder. Wurin girka sababbin wasanni kuma yana Settings na kowacce, a sashen saukewa ko girkawa.

A EA app, wadda ta gaji Origin, wurin girkawa yana Settings, Download, Install location. Don ɗaukar tsohon wasa, kwafi foldar zuwa ajiya, yi Uninstall, canza Install location zuwa D:\Wasanni, sa foldar a ciki da ainihin sunanta, sannan ka danna Download ka tabbatar adireshin da ta nuna shi ne na foldar. Sa ido a kan saurin intanet a Task Manager na minti biyun farko. In faifai ne ke aiki intanet na kwance, bincike take yi. In intanet ne ke gudu, ba ta ga kayan ba, dakatar ka duba sunan foldar da adireshin. Sunayen maɓallan nan sukan ɗan sauya in an sabunta lanca, amma wurarensu ba sa nisa.

In wuta ba ta da tabbas

Kwafin 100GB da File Explorer, in aka ɗauke wuta a tsakiya, ba ka san wanne ya shiga wanne bai shiga ba. A kwamfutar tebur marar UPS gara a yi da robocopy, wanda yake cikin Windows tun asali. A Command Prompt:

robocopy "C:\Program Files\Epic Games\Fortnite" "D:\Ajiya\Fortnite" /E

In aiki ya katse, sake rubuta wannan layin, zai tsallake waɗanda suka riga suka shiga daidai ya ci gaba da sauran. Yana ɗaukar ɓoyayyun folda ma, har da .egstore. A ƙarshe yana fito da ɗan jadawali, duba lambobin da ke ƙarƙashin FAILED su zama 0. Za ka ga wasu suna ba da shawarar ƙara /MIR. Kada ka sa, domin yana goge duk abin da ke wurin saukar da babu shi a wurin ɗauka, kuma in ka juya adireshin biyu bisa kuskure, wasan ne zai tafi.

Ga wasan da lancarsa ta ƙi duk dabara, akwai mahaɗar folda. Kai foldar D, ka tabbatar babu mai wannan sunan a tsohon wurin, sannan a Command Prompt na administrator:

mklink /J "C:\Program Files\Kamfani\SunanWasa" "D:\Wasanni\SunanWasa"

Tsohon adireshi ne farko, sabo na biyu. Windows za ta ajiye wata alama a C mai kama da folda, duk wanda ya shiga sai ya tsinci kansa a D, lancar kuma ba za ta san an yi komai ba. Mu dai muna ajiye wannan a matsayin dabarar ƙarshe, don bayan wata shida mai kwamfutar yakan manta da ita, ya ga folda a C ya ɗauka wasan na can. In za a cire mahaɗar, rmdir da tsohon adireshin yana cire alamar kawai, bai taɓa fayilolin D.

Ci gaban wasa ba ya cikin foldar wasa

Mafi yawan wasanni ba sa ajiye inda ka tsaya a foldar da aka girka su. Na GTA V yana Documents\Rockstar Games, cikin foldar wasan, a Profiles. Wasu suna Saved Games, wasu AppData, a Local ko LocalLow ko Roaming, wasu kuma Steam\userdata. Na Ubisoft suna foldar savegames a cikin Ubisoft Game Launcher. Wannan yana nufin mayar da wasa D bai taɓa ci gabanka, yana nan a C. Amma yana kuma nufin ranar da aka kai kwamfutar wajen mai gyara ya yi wa C fomat, wasannin da ke D za su tsira, ci gaban kuwa ya tafi, sai wanda lancar ta ajiye a intanet, kuma ba kowane wasa ke yin hakan ba. Kafin a sake saka Windows, kwashe Documents, Saved Games, AppData, userdata da savegames zuwa D. AppData ɓoyayyiya ce, danna Windows da R, rubuta %AppData% ka koma baya mataki ɗaya za ka gan ta. Ga wasannin Epic, haɗa da foldar Manifests da LauncherInstalled.dat, don su ma a C suke, kuma sabuwar Windows ba za ta zo da su ba. Steam kuwa, da ka sake girka ta, Add Drive ka nuna D:\SteamLibrary, appmanifest ɗin duk suna ciki, wasannin za su fito da Play.